Saiti da Ƙaramar Duniyar Auta

Shekara talatin da huɗu ya yi yana gyaran keke a rumfa ɗaya, a bakin titin da ya gangara tashar mota, har ainihin sunansa ya ɓace a bakin mutane. Saiti kowa ke ce masa. Shi kuwa ya jawo wa kansa laƙabin, don ba a taɓa kawo masa keke ba face ya juya wilin, ya kanne ido ɗaya, ya ce, "Wannan sai an yi saiti." Ko faci ya kawo ka, sai ka tsaya an yi maka saiti. Zai kifa keken, ya murza wilin, ya riƙe guntun alli kusa da bakin ƙarfen. Inda allin ya shafa, nan karkatar take. Sai ya ɗaure wannan waya ta wilin kaɗan, ya sassauta ta kusa da ita, ya sake murzawa, har wilin ya riƙa juyawa shiru kamar ba ya motsi.

Abu ɗaya ne ke tayar masa da jijiyar wuya a wurin aiki, wato mutumin da ya taɓa kekensa a gida, ya ɓata, sannan ya kawo ya ce haka kawai ya tashi ya gan shi. Saiti zai dubi kan wayoyin da aka cinye da filaya, ya dubi mutumin, ya ce, "In ka taɓa, ka ce ka taɓa. Kada ka bar ni ina neman ciwo inda babu." Duk layin sun haddace wannan magana, har mai walda na kusa da shi yakan riga shi faɗa.

Matsalar ita ce hannun nan nasa ba ya tashi aiki idan an rufe rumfa. A gida ya gyara zaman hoton bango, ya cusa takarda ƙarƙashin ƙafar tebur, ya bubbuge murfin tukunya da guduma har matarsa ta ce, "Baban Auta, ka bar mini tukunyata, a haka take dafa abin da kake ci." An taɓa zuwa da shi duba mara lafiya, ana cikin jajantawa ya miƙe ya daidaita kalandar mutane. Bai san ya yi ba sai da matarsa ta zungure shi a hanya.

'Ya'yansa huɗu. Uku sun kama gabansu, saura Auta, wadda ke shekarar ƙarshe a jami'a tana karanta motsin taurari da lissafinsa. Saiti bai wuce firamare ba, amma idan ana hirar 'ya'ya a rumfa, yakan bari kowa ya gama, sannan ya ce tasa 'yar sama take aunawa. Yana alfahari da ita har abin ya yi yawa, kuma ya san ya yi yawa.

Ita ta nuna masa abin. Yayanta ya bar mata tsohuwar kwamfuta, ta ajiye ta a teburin falo kusa da taga, ta sa mata wata manhaja da ke kwaikwayon sararin sama. Allon baƙi ne wuluk. Kai za ka ajiye rana a tsakiya, ka jera duniyoyi, ka ba kowace nauyinta da gudunta, sannan ka sake su ka ga abin da za su yi. Kowace tana tafe tana barin siririn layi a bayanta. Ranar farko da ta zaunar da shi, ta ce ya goge ranar ya gani. Ya danna da yatsa ɗaya, a tsorace. Nan take duniyoyin suka bar zagaye, kowace ta miƙe ta nufi inda fuskarta ta kalla.

"Kai! Ashe ba a ɗaure suke ba?"

"A ɗaure suke, Baba. Nauyin ranar ne ke riƙe da su, abin ɗaurin ne ba a gani."

Saiti ya buga cinya. "Wili ne ke nan. Wayoyin ne kawai ba a gani."

Daga ranar aka shiga uku. Ta buɗe masa nasa sararin daban, ta sa masa suna Wasan Baba, ta koya masa tsayar da lokaci da canza lambobi. Dattijo mai furfura ya riƙa dawowa daga rumfa yana wanke hannu da sauri don ya ninka nauyin wata ya ga teku ya haukace, ko ya matso da wata duniya kusa da rana har ta yi ja. Idan biyu suka yi karo ya tuntsire da dariya, matarsa ta leƙo ta ce Allah ya shirya. Amma duk ɓarnar da ya yi, kafin ya tashi sai ya mayar da kowace kan hanyarta, zagaye sumul. Ba ya iya barinsu a karkace.

Da lokacin aikinta na kammala karatu ya zo, Auta ta ce wasa ya tsaya. Ta shirya rana ɗaya da duniyoyi biyu, babba da ƙarama, za ta bar su su yi ta zagaye na shekara miliyan ɗaya ta lissafin na'ura. A wannan tsohuwar kwamfuta, kwana goma sha biyu ke nan ba tsayawa, kuma saura kwana goma sha takwas a rufe karɓar aiki. A makaranta ana kashe kwamfutoci kullum da yamma, shi ya sa dole a gida. Saiti da kansa ya ɗauko batirin mota ya haɗa mata, don ko wuta ta ɗauke kada aikin ya yanke. Tana ta yi masa bayanin abin da take nema ya gani, shi kuwa hankalinsa na kan wayar da yake murɗawa, yana cewa "to, to." Ta rubuta KADA A TAƁA a takarda ta ɗora a kan madannai. Ta bar allon ya yi duhu, don nuna hoton yana rage wa na'urar gudu, ita dai tana duba 'yar koriyar fitilar gefe ta wuce.

Rana ta uku da azahar ya dawo gida ɗaukar sifanar da ya manta. Ba kowa. Ya ce bari ya duba ko batirinsa na riƙewa, ya ɗan motsa linzamin kwamfutar, allon ya kawo haske. Babbar duniyar tana tafiya lafiya lau. Amma ƙaramar, layinta ya miƙe ya yi tsawo kamar ƙwai, ta matso kusa da rana ta wannan gefe, ta yi nisa ta wancan. Saiti ya kanne ido ɗaya. A ransa ya ce kwana uku ana juyi ba hutu, dole wani abu ya sassauta, yarinya kuma ba ta gani ba tunda allon a rufe yake. Ya karanta takardar sarai. Ya ɗauke ta ya ajiye gefe, yana cewa ai shi ba taɓawa zai yi ba, gyarawa zai yi. Ya tsayar da lokaci yadda ta koya masa, ya riƙa rage lambar hanyar ƙaramar kaɗan-kaɗan har layin ya koma zagaye, ya sake ta, ya mayar da takardar daidai inda take. Ya koma rumfa yana fito, yana tsara yadda zai ba ta labari da yamma.

Ba a kai ga labarin ba. Suna cin abincin yamma sai uwar ta ce, "Ni fa Auta har yanzu ban gane me kike jira a cikin akwatin nan ba." Auta ta jawo faranti ta ajiye tsakiya, ta ɗauki kofi da murfin kwalba.

"Mama, kofin nan babbar ce, murfin nan ƙaramar. Da hanyar ƙaramar zagaye ce, ba abin da zai same ta, haka za ta yi ta tafiya. To ni na karkatar da ita da gangan. Duk sanda ta yi nisa sai ta gifta kusa da babbar, babbar ta ɗan fizge ta. Yau kaɗan, gobe kaɗan, har ta cillar da ita waje. Lissafina ya ce ba za ta kai shekara miliyan ɗaya ba. Wata uku na yi ina fitar da lambar karkatar nan, aikin duka a kanta yake."

Saiti ya ajiye lomar da ya ɗauko. Matarsa ta ce, "Lafiya?" Ya ce barkono ne, ya sha ruwa.

Abin da ya yi da azahar kuskure ne, kowa na iya yinsa, balle mai irin hannunsa. Laifin gaske a wurin cin abincin nan ya fara. Ya iya lissafin da ake buƙata: uku da goma sha biyu, goma sha biyar. Da ya buɗe baki a lokacin, ta yi fushi, ta sake farawa, ta gama da sauran kwana uku a hannu. Amma ya dubi yadda take juya murfin kwalbar fuskarta na haske, ya tuna shi ne mutumin da ke cewa 'yarsa sama take aunawa, sai kunya ta danne shi. Ya ce gobe.

Goben kuwa sai ya ƙara ɓata lamarin. Ya jira suka fita, ya zauna gaban na'urar don ya mayar da abin yadda yake. Lambar farko bai ko kalle ta ba lokacin da yake ragewa, kuma doguwa ce, ta fi lambar waya. Sai ya ce idonsa ya san siffar, idon da shekara talatin da huɗu bai yi masa ƙarya ba. Ya ja layin ya yi tsawo, ya kanne ido, ya ƙara kaɗan, ya rage kaɗan, har ya ga ƙwan ya dawo. Ya mayar da takardar.

Daga nan ya shiga ƙirga kwanaki. Huɗu da sha biyu, sha shida. Biyar da sha biyu, sha bakwai. Ranar ta shida ya tashi da sanin cewa yau ce ta ƙarshe da magana za ta yi amfani. Ya same ta a falo tana guga, ya tsaya a bakin ƙofa har ta ɗago ta ce, "Baba, kana son wani abu?" Ya ce a'a, hularsa yake nema. Hular tana kansa. Ya fita yana gaya wa kansa wataƙila idon nasa ya dace, wataƙila ƙaramar ta fita ba wanda ya ji ba wanda ya gani. A kwanakin nan mutumin da bai damu da sama ba sai don ruwa ya riƙa roƙon Allah a cillar da wata duniyar da babu ita.

Ba a cillar da ita ba. Ranar goma sha biyu Auta ta kunna allon, su biyu na tsaye a bayanta. Shekara miliyan ɗaya ta cika, ƙaramar na nan tana zagaye hankalinta kwance. Auta ta daɗe tana kallo. Ta kwashi takardunta ta shiga ɗaki. Kwana biyu tana bin lissafin layi-layi tana neman inda ta kauce. Ta je wurin malamin da ke duba aikinta, ya ce mata na'ura ba ta son kai, idan sakamako ya saɓa to ta koma ta duba kanta. Ta dawo ta rubuta a shafin ƙarshe, da jan biro, cewa hasashenta kuskure ne. Sauran takardun ta dunƙule ta zuba a kwandon shara.

Saiti na tsakar gida ya ji tana gaya wa uwarta, muryarta ba kuka ba fushi, wanda ya fi kuka ciwo. "Zan rubuta cewa na yi kuskure, za su ba ni makin wucewa, shi ke nan. Maganar ci gaba da karatu kuma a bar ta, Mama. Wataƙila dama kan nawa ba na wannan ba ne, hadda ce ta kawo ni nan."

Da safe kafin a kwashe shara ya tsince takardun ɗaya bayan ɗaya, ya tafi da su rumfa. Ya warware kowace, ya shafe ta da tafin hannu, ya jera su ƙarƙashin katakon da yake ɗora kayan aiki. Bai iya karanta ko layi ɗaya a ciki ba. Yanzu lissafin ya juye masa. Idan ya yi shiru, za ta gama tare da 'yan ajinsu, ta fita da takardar shaida, da kuma yarda cewa ba ta iya ba. Idan ya yi magana, ya san 'yarsa, ba za ta miƙa aikin da aka sa wa hannu ba, kuma kwana sha biyu ba sa shiga cikin uku. Kowanne ya ɗauka, ita za ta biya, shi ya ci.

Yana cikin wannan sai ga wani mai kai burodi shaguna ya turo keke, wilin baya na rawa. Ya ce haka kawai ya tashi ya gan shi. Saiti ya duba, ga sawun filaya a kan wayoyi biyar. Mai walda ya ajiye abin da yake yi yana murmushi, yana jiran maganar da kowa ya sani. Saiti ya buɗe baki ya ce, "In ka taɓa," sai ya tsaya. Mai walda ya ce, "Ƙarasa mana." Bai ƙarasa ba. Ya ce wa mai burodi ya dawo gobe, ya jawo ƙofar rumfa da rana tsaka, ya nufi gida.

Auta na gaban kwamfutar tana buga rahoton kuskurenta, uwarta na gefe tana tsintar shinkafa. Bai zauna ba.

"Auta, dakata. Ni na taɓa."

"Ka taɓa me, Baba?"

"Ƙaramar. Na ga ta karkace, na ɗauka lalacewa ta yi. Na miƙar da ita."

Ta dube shi kamar ba ta ji yaren ba. Sannan ta juya, ta buɗe wani wuri a manhajar inda ake rubuta duk canjin da aka yi, wurin da Saiti bai san da shi ba. Ga layi biyu, rana ta uku da rana ta huɗu, har da ƙarfe nawa.

"Sau biyu, Baba?"

"Na biyun so na yi in mayar."

"Da me ka mayar?"

"Da ido."

Uwar ta ajiye tiren shinkafa ta ce, "Innalillahi, Baban Auta! Hannun nan naka!" Auta ba ta ɗaga murya ba. Ta ce, "Ranar da nake yi wa Mama bayani da faranti, ka riga ka sani?" Ya ce ya sani. Ya ga leɓenta na motsi, tana haɗa uku da goma sha biyu, lissafin da shi ya daɗe yana yi kullum. Ba ta faɗi amsar ba.

Don ya rasa abin cewa, sai ya tambaye ta me ya hana ta duba wurin nan tun ranar da abin ya saɓa. Ta ce, "Wa zan zarga a gidan nan, Baba? Kai ka haɗa mini batirin. Na fi yarda da kai a kan kaina." Da zagi ta yi masa, da ya fi sauƙin ɗauka.

Ta je ta gaya wa malaminta gaskiya. Ya ce ba abin da zai iya yi sai dai ta bi rukuni na gaba, bayan wata shida. Ta dawo ta sa lambarta ta ainihi, ta sake farawa. Wannan karon ba ta ɗora takardar gargaɗi a kan madannai ba, kuma rashin takardar ya fi takardar yi masa magana. Gaisuwa ba ta fasa ba, abinci tana kawo masa, amma hira ta mutu. 'Yan ajinsu suka miƙa nasu, suka riƙa kiranta a waya suna murna, tana taya su. Saiti ya daina zama a falo. Idan zai wuce teburin sai ya bi ta jikin bango, hannuwansa a baya. A rumfa kuma, aka daina jin maganar auna sama.

Ranar goma sha ɗaya da sake farawa, da la'asar, yana wanke hannu a bakin famfo ya ji ta ce, "Baba, zo." Ya shiga da kumfa a hannu. Ta kunna allon. Layin ƙaramar ya yi tsawo, ya ƙara tsawo, ta gifta kusa da babbar, sai kawai ta bar zagaye ta miƙe, ta nufi gefen allon ba waiwaye. Lambar shekaru a ƙasa ta nuna dubu ɗari tara da goma sha biyu. Kwana takwas ke nan da rufe karɓar aiki.

Ya goge hannu a riga, ya shiga ɗaki ya ɗauko takardun da ya dawo da su daga rumfa. Sun miƙe sumul, sai ɗan tabon baƙin mai a kusurwar ɗaya. Ya ajiye mata. Ta gane su nan take. Ta buɗe shafi-shafi har ta kai inda ta rubuta da fensir cewa ba za ta kai miliyan ɗaya ba. Ta dubi takardar, ta dubi allon.

"Ashe daidai na yi," ta ce. Ta sake faɗa a hankali, hawaye na zuba, kuma Saiti ya gane ba da shi take ba.

Ya so ya ce ta yafe masa, ya ga maganar ta yi ƙanƙanta a kan wata shida. Yana nan tsaye sai ta jawo kujerar da yake zama a kai lokacin Wasan Baba, ta tura masa ba tare da ta dube shi ba.

"Zauna, Baba, ka ga inda za ta."

Ya zauna. Ya sa hannuwansa biyu ƙarƙashin cinyoyinsa ya danne, suka yi ta kallon ƙaramar tana nisa har ta fita daga allon.